Jatau da Ƙarar Maƙabartar Hillat Adam

Duk wanda ya rasu a Hillat Adam cikin shekarun nan, Jatau Maliki ne ya haƙa masa kabari. Ba sana'arsa ba ce, ba kuma wanda ya ɗora masa. Ɗan ƙwadago ne kamar sauran mazan hillar, wato ƙauyen. Ya yanki riɗi da kaka, ya yanki dawa idan sanyi ya shigo, a manyan gonakin nan na kudancin Doka da ake kira mashru, waɗanda tarakta ke shukawa hannu ya girbe. Amma da zarar kuka ya tashi a wani gida, kafin a gama tambayar wane ne, za a hango Jatau ya saɓa diga da shebur ya nufi gabas.

A wajen Fau aka haife shi, inda mahaifinsa ya yada zango a hanyar Makka bai sake ɗaura kaya ba. Jatau yana saurayi ya biyo ayarin masu yankan riɗi zuwa Doka da niyyar yin kaka ɗaya. A hillar ya ga Safiya tana raba wa ma'aikata tuwo, shi ke nan bai koma ba. Dogo ne, mai faɗin tafin hannu, mai ƙarancin magana, irin mutanen da in an yi musu abu ba sa nunawa a fuska sai dai su riƙe. Safiya ce bakin gidan. Ita ke ciniki, ita ke faɗa da maƙwabta, ita kuma ke shiryawa da su kafin magariba. 'Ya ɗaya Allah ya bar musu, Rahma, wadda ta yi aure a cikin garin Gadarif.

Da zazzaɓi ya ɗauke Safiya a tsakiyar wata damina, maza suka ce wa Jatau ya zauna su haƙa masa. Ya ƙi. Ƙasar wajen baƙar laka ce, da rani ta tsattsage ta yi tauri, da damina ta manne wa diga sai an sa hannu an ɓamɓare. Shi kaɗai ya yi ta fama har ya gama. Ya zaɓar mata wuri a layin gabas, can gefe, inda ruwa ba ya kwanciya. Dutse wuya gare shi a wannan shimfiɗaɗɗiyar ƙasa, don haka mutanen hillar da tsofaffin fayafayan garmar tarakta suke yi wa kabari alama. Ya kafa mata guda a wajen kai, ya kewaye da ƙaya.

Shekara guda kafin yaƙi ya ɓarke a Khartum, mashru ɗin da ke jikin maƙabartar ya sauya hannu. Sabon mai shi, Elfadil, ɗan kasuwar hatsi ne a Gadarif, ba wanda ya taɓa ganinsa a hillar sai wakilinsa. Da ruwan farko ya sauka, tarakta ta shigo. Wata mata da ta fita neman itace ce ta dawo ta tsaya a ƙofar Jatau, ta kasa shiga ta kasa wucewa.

"Baffa, ka je gabas ka gani da idonka," ta ce. "Ni ba zan iya faɗa ba."

Ya je. Layuka uku na gabas babu su. Ƙasa ta kwanta sumul, sawun garma ya bi ta kanta a miƙe har inda ido ya ƙare. Hanyar ƙafa da ake bi da makara daga hilla ita ma an shafe ta. Fayafayan alamar an tara su a gefe kamar kayan bola. Jatau ya durƙusa yana jujjuya su ɗaya bayan ɗaya, duk tsatsa ta mai da su iri guda, bai gane wanne ne na Safiya ba.

Daga nan gidan Shehu Kassim ya wuce, wanda ke riƙe da hillar. Ya same shi a rumfa yana shan shayi.

"Na ji, Jatau, kuma raina ya ɓaci kamar naka," in ji Kassim. "Amma ka duba. Rabin gidajen nan a mashru ɗin mutumin suke samun abin kai wa baki. In muka ja da shi ya ɗauko ma'aikata daga wani wuri, wa zai ciyar da su? Waɗanda suka tafi sun riga sun isa ga Ubangijinsu."

"Har da mahaifiyarka a layin nan, Shehu."

"Na sani. Shi ya sa nake cewa a bi a hankali."

Wakilin Elfadil ma bai ɓata lokaci ba. Ya ce shi abin da aka nuna masa a taswira shi ya nome, in akwai mai magana, mahkama, wato kotu, na nan a buɗe a Gadarif. Ya faɗa ne yadda ake faɗa wa wanda aka tabbata ba zai je ba.

Jatau ya je. A bakin mahkamar akwai masu rubuta wa mutane koke, kowa da teburinsa a inuwar dogonyaro. Ya zauna gaban wani dattijo ya kwashe labari ya gaya masa. Dattijon ya rubuta yadda ya saba rubuta wa masu rikicin iyaka, wato wane ya shiga filin wane, a fitar da shi. Jatau bai iya karatu ba. Da aka karanta masa sai ya ji kalmomin sun yi nauyi, ya dangwala yatsa. Ranar da ya koma hilla har ƙofar gida aka riƙa zuwa yi masa sannu. Husain, wani magidanci da garmar ta bi ta kan mahaifiyarsa da ɗansa, ya riƙe hannunsa ya daɗe bai saki ba.

"Baffa, kai ne namijin hillar nan," ya ce. "Duk inda ta kai, muna bayanka."

Jatau ya ɗauka kafin dawar ta fitar da kai an gama. Sai ga shi zaman farko an ce sammaci bai isa ga Elfadil ba. Zama na biyu ya isa, amma mutumin ya yi tafiya. Na uku lauyansa ya nemi lokaci. Aka sauya wa alkali wurin aiki, wanda ya gaje shi ya ce sai ya karanta daga farko. Kowane zama kuwa tafiya ce. Daga hilla zuwa Doka a bayan tarakta, ko a ƙafa in laka ta hana mota, daga Doka a bas zuwa Gadarif, ya kwana gidan Rahma, ya yi sammako, ya zauna a benci har rana ta take, a kira sunansa, a faɗi wata ranar, ya juyo. Sau da yawa maganar da ya yi tafiyar dominta ba ta kai tsawon gaisuwa ba.

Sannan yaƙi ya zo. Garin Gadarif ya cika da waɗanda suka gudo, makarantu suka zama gidaje, harabar mahkama ta cika da masu neman takardun da suka ƙone ko suka bari a baya. Jatau bai ga laifinsu ba, ya ga halin da suke ciki. Amma ƙararsa ta ƙara nutsewa ƙasa. A hilla kuwa dawa ta tsiro a kan layukan gabas, ta yi tsawo, ta nuna, aka girbe. Aka sake shukawa. Daga ƙofar ɗakinsa yana hango kawunanta suna kaɗawa. Ya daina aiki a mashru ɗin Elfadil, ya koma wani mai nisa, duk da gwiwoyinsa sun fara gardama. Maƙwabtansa da suka ce suna bayansa su ne suka yanki dawar. Ya san suna da bakunan ciyarwa, amma ya daina zama a majalisar bayan la'asar.

Rahma ce ta haɗa shi da Salwa Abdelrahman. Lauya ce da ta gudo daga Khartum da mahaifiyarta da 'ya'yanta, ta kama ɗaki a gidan da ke jikin na Rahma. Ta karɓi takardunsa, ta je mahkama ta duba abin da ɗaya ɓangaren ya shigar, ta dawo da yamma ta same shi a tsakar gida bisa tabarma.

"Ammi Jatau, zan gaya maka abin da ba za ka so ji ba," ta ce, tana kiransa Ammi, wato baffa a harshensu. "Ka janye ƙarar nan."

Jatau ya juya ya dubi Rahma kamar ita ta faɗa.

"Ustaza, Elfadil ne ya aiko ki?"

"Ban san shi ba, ban taɓa ganinsa ba. Ka saurare ni tukuna. Takardarka ta ce ya shiga filinka. Maƙabartar filinka ce?"

"Ta hilla ce. Ta kowa ce."

"To ka ga ɗaya. Sannan lauyansa ya kawo takardar da ofishin filayen noma ya ba shi, da taswira, kuma gefen maƙabartarku yana cikin layin da aka ja masa. Wato ba shi ya shata ba, shata masa aka yi. Alkalin nan ba shi da ikon warware abin da ofis ya zartar. Ofishin za a fara kai wa kuka, da sunan hilla ba da sunanka ba. In sun ƙi, akwai wata mahkamar daban mai duba hukuncin ofisoshi."

"To a kai musu. Wannan ma ta ci gaba da tafiya."

"Ba za su saurare ka ba muddin maganar na gaban alkali. In kuma ka jira har alkali ya kori ƙarar da kansa, Elfadil zai riƙe wannan hukuncin ya nuna wa kowa, ya ce shari'a ta ba shi. Gara ka fita da ƙafarka, a rubuta cewa haƙƙinka na nan."

Jatau ya murza yatsan da ya dangwala.

"Damina biyu ina hawa mota," ya ce. "Na gaida masinja, na gaida magatakarda, na tsaya gaban alkali biyu. Duk cikinsu ba wanda ya iya ce mini, dattijo, ba nan ba ne?"

"Ba aikin kowa ba ne a can ya gaya maka. Haka abin yake. Ban ce daidai ne ba."

Bai yarda ba. Washegari ya nemi ofishin filayen da kansa, ya yi ta tambaya har ya samu. Ma'aikacin da ya tarar mutumin kirki ne, har kujera ya ba shi. Ya saurara har Jatau ya ambaci mahkama, sai ya ɗaga hannu.

"Maganar tana gaban alkali? To hannunmu a ɗaure yake sai ta fito."

Ya koma mahkama ya tambayi magatakarda ko alkali zai iya sa ofis ya gyara taswira. Magatakardan ya ce ya jira ranar zama. Jatau ya fito ya tsaya a bakin titi, rana na dukansa, kekunan haya na wucewa suna busa masa ƙaho. Ofis ya ce sai mahkama ta saki, mahkama ta ce abin na ofis ne, shi kuwa ga shi a tsakani da takardu a cikin leda. Ya tuna da Safiya. Da ita ce, da tuni ta ɗaga murya har wani ya fito ya ba ta amsa. Shi bai iya ba.

A gida ya ƙi cin abinci. Rahma ta zauna kusa da shi tana tsince shinkafa.

"Baba, me kake tsoro?"

"Zan tsaya gaban mutane in ce na janye. Da bakina. Kamar na ce mahaifiyarki ba ta can."

"Inna tana inda ka sa ta, ko ka janye ko ba ka janye ba. Takardar nan kuwa damina biyu ba ta cire kara ɗaya daga kanta ba."

Ranar zama Salwa ta tsaya a gefensa. Ta miƙa buƙatar janyewa, ta nemi a rubuta cewa mai ƙara zai bi hanyar ofis kuma haƙƙinsa na dawowa yana nan. Alkali ya ɗago ya dubi Jatau.

"Jatau Maliki, da yardarka ka janye? Ba wanda ya tilasta ka?"

Jatau ya buɗe baki. Abin da ke cikinsa da yawa. Yana so ya faɗi yadda aka tara fayafayan a gefe, yana so ya tambaya ko Maulana, wato alkalin, ya taɓa ganin dawa a kan kabarin wani nasa. Salwa ta ɗan taɓa hannun rigarsa.

"Da yardata, Maulana," ya ce.

Alkali ya rubuta, aka kira na gaba. Abin da ya ci masa damina biyu ya ƙare kafin ya gyara tsayuwa. A bakin ƙofa lauyan Elfadil ya miƙo masa hannu yana murmushi, ya ce Allah ya yi albarka, sulhu alheri ne. Jatau bai karɓi hannun ba, amma wani direban lori ɗan Doka da ya zo tasa shari'ar ya ga an miƙa.

Labari ya riga shi isa hilla. An ce Jatau ya janye, an ce an gan shi da lauyan Elfadil suna gaisawa, kafin ya sauka daga mota an kai ga cewa an saye shi. Ya tara mutane bayan sallar Juma'a ya yi musu bayani yadda Salwa ta yi masa. Amma maganar da ta fito sarai a bakinta sai ta harɗe a nasa. Ya ce mahkama ba ta da iko, wani ya ce to me ya kai shi tun farko. Ya ce za a koma ofis, wani ya ce ai ofishin ne ya ba Elfadil. Ya ce haƙƙinsu na nan a rubuce, Husain ya ce a nuna masa shi a ƙasa. Shehu Kassim ya rufe taron da cewa shi dama tun farko ya ce a bi a hankali.

Ba a jima ba wata tsohuwa, gwaggon Husain, ta rasu. Jatau ya saɓa diga ya zagaya ta bayan gonar, tunda hanya babu. Ya fara sara ke nan Husain ya iso da wasu samari. Ya tsaya a kansa.

"Baffa, kawo digar."

"Na riga na fara."

"Kawo. Ba ma son hannun da ya karɓa ya haƙa mana."

Jatau ya dubi fuskokinsu, duk yaran da aka haifa a gabansa ne, wasu shi ya binne iyayensu. Ya miƙa digar, ya fito daga ramin, ya koma gefe ya tsaya. Yana kallo suka haƙa a karkace, bai gyara musu ba. Da aka kawo gawa ya bi sahu aka yi salla, ya koma gida ya bar musu kayan aikinsa.

Ga shi kuma kukan da za a kai ofis sai da sunan hilla, sai da hatimin Shehu Kassim. Jatau ya je sau ɗaya aka ce Shehu ya tafi Doka. Ya koma aka ce hatimin na wajen ɗansa. Ya sake komawa Kassim ya ce a bari a gama shuka, kada a ɓata wa mutane aiki. Salwa na kira a waya tana cewa irin wannan kukan yana da wa'adi, in ya wuce sai sabon wahala. Jatau ya rasa wanda zai fi jin haushi, Elfadil da bai taɓa gani ba, ko mutanen da yake yi dominsu.

Rahma ce ta gaji da ji. Ta bar 'ya'yanta wajen uwar mijinta ta hau mota zuwa hilla. Ba ta je wajen maza ba. Gida gida ta bi, ta zauna da mata a bakin murhu, ta yi musu maganar da harshen da mahaifinta bai iya ba. A nan halin Safiya ya fito a jikinta. Ta tambayi kowace wa take da shi a layin gabas. Ta ce wa matar Husain, in an sayi ubanta, a nuna mata abin da ya saya, ga ɗakinsa nan na ciyawa yana zuba. Wata safiya mata suka cika rumfar Shehu Kassim, tsofaffi a gaba, ba hayaniya, suka zauna kawai. Matarsa ma tana cikinsu. Kafin azahar hatimi ya fito.

Ofis ya karɓi kukan. Aka sake shiga jira, sai dai wannan karon ba benci, Salwa ce ke bi. Aka girbe dawa karo na uku. Sai da rani ya tsaya sosai, ƙasa ta tsage, sannan mota ta zo da mutanen kwamiti da mai auna fili da na'urarsa mai ƙafa uku. Hilla duk ta fito. Wakilin Elfadil ma ya zo. Shugaban kwamitin ya ce an yarda maƙabarta ta riga mashru, za a cire ta daga taswira, amma sai an nuna musu inda ta tsaya.

"Wa ya fi sanin wurin?" ya tambaya.

Kowa ya juya ya dubi Jatau, har da Husain.

Jatau ya shiga gonar. Kututturan kara ne ko'ina, da tsagar ƙasa, da sawun garma na shekara uku wani a kan wani. Ƙayar da ya kewaye da ita babu, tudun kabari babu, ɗan kwarin da yake auna wurin da shi garma ta cike. Ya yi gaba, ya tsaya, ya juyo ya dubi hilla don ya gwada nisa. Ya ƙara gaba. Ya dawo baya. Shi da ya haƙa yawancinsu da hannunsa, ya tsaya a tsakiyar fili bai san ko a kan wani yake tsaye ba.

"A nan ne, ina tsammani," ya ce. "Ko gaba kaɗan."

"Tsammani ko tabbas, dattijo? Za ka iya rantsuwa?"

"Ba zan rantse a kan abin da ban tabbatar ba."

Wakilin ya nuna nasa wurin, can baya sosai. Kwamiti suka koma gefe suka yi shawara, suka raba tsakani. Aka kafa turakun siminti a tsakiyar abin da Jatau ya nuna da abin da wakilin ya nuna. Layi biyu sun dawo, wannan kowa ya yarda. Na uku, na can gefe inda ruwa ba ya kwanciya, ba wanda zai iya cewa yana ciki ko yana waje.

"Hanyar fa?" Jatau ya tambaya. "Ta ina za mu riƙa bi da makara?"

Shugaban ya duba takardarsa ya ce maƙabarta aka turo su dubawa, hanya magana ce daban, a rubuto.

Da yamma Shehu Kassim ya yanka rago, aka taru ana yi masa barka da ƙoƙari. Wani ya miƙe ya ce da ba don haƙurin Shehu da hatiminsa ba da ba a kai nan ba. Aka aika wa Jatau da nama a kwano. Ba wanda ya zo ya ce masa mun zalunce ka. Digarsa da shebur dai ya tashi wata safiya ya gan su a jingine a dangarsa, an wanke su, bai tambayi wanda ya kawo ba. Da aka yi rasuwa ta gaba ya saɓa ya tafi, ba wanda ya hana shi, Husain ma ya karɓe shi da ya gaji. Suka yi aikin tare ba tare da sun haɗa ido ba.

Salwa ta ce za a iya kai maganar layi na uku da ta hanya gaban mahkamar da ke duba hukuncin ofisoshi, ta fara shirya takardu. Ana cikin haka aka ce unguwarsu a Khartum ta lafa, mahaifiyarta ta matsa sai sun koma sun ga abin da ya rage na gida. Ta zo sallama har gidan Rahma, ta ba shi haƙuri, ta ce ta damƙa komai ga wani abokin aikinta mai suna Tariq, mutumin kirki ne.

"Ammi, ka yafe mini, na bar ka a tsakiyar hanya."

"Ke kaɗai kika gaya mini gaskiya tun ban so ji ba," ya ce. "Allah ya kai ku lafiya."

Rahma ta so ya haƙura haka. Ta ce gwiwoyinsa sun gaji, ya samu layi biyu, ya dawo gari ya zauna da jikokinsa. Ya ce mata har yanzu in an yi rasuwa da damina sai an zagaya bayan gona da makara, laka har gwiwa, ranar nan ma saura kaɗan a kayar da gawa. Ya ce tarakta za ta dawo da ruwan farko, kuma bai san ko ta kan wa za ta bi ba.

Ofishin Tariq ɗaki ne ƙarami a saman wani shagon kayan gyaran mota, kusa da kasuwa. Jatau ya hau matakalar a hankali yana dafa bango. Lauyan matashi ne, waya a kunne, takardu jibge a gabansa. Ya nuna masa kujera, ya gama wayar, ya yi ta bincike har ya zaro fayil ɗin daga ƙasa.

"Ustaza Salwa ta yi mini bayani a gurguje," ya ce, "amma gaskiya ban samu na karanta ba. Gara in ji daga bakinka, Ammi. Wa ya shigar da ƙarar farko, kuma me ya sa aka janye?"

Jatau ya ajiye ledarsa a kan cinya. Ya dubi tagar, inda ake sauke buhunan riɗi daga wata lori. Ya nemi a ba shi ruwa, ya sha, ya goge bakinsa, sannan ya fara.